Ko Kun Sani? Iskar Hunturu Mai Sassaƙa Duwatsu

Ko kun san cewa iskar da ke kawo hazo Rimin Gado a lokacin hunturu, har a wayi gari farar ƙura ta kwanta a kan rumbuna da karan dawar da aka jingine, ita ce dai wadda ta shafe dubban shekaru tana sassaƙar duwatsu a arewacin Chadi? A can tsaunukan Tibesti suke, mazaunin Tubawa, inda ƙololuwar Emi Kusi ta kai mita 3,415, ba ta da na biyu a faɗin Sahara, daga kudu maso gabas kuma ga tudun Ennedi. To, idan iskar ta matsu tsakanin waɗannan biyu sai ta ƙara ƙarfi, ta ɗebi yashi tana gurzar duwatsun yankin Borku da shi, tana cinye mai taushi tana barin mai tauri, har bisa hikimar Ubangiji ƙasar ta zama dogayen kunyoyi jere da juna, tamkar gonar da aka yi wa huɗa, dukkansu sun miƙe daga arewa maso gabas zuwa kudu maso yamma. Daga nan take faɗawa kwarin Bodele, busasshen gindin tsohon Tafkin Chadi, wanda masana ilmin ƙasa suka yi ittifaƙi babu wurin da ya kai shi tayar da ƙura a duniya. Farar ƙasarsa kuwa, abin al'ajabi, ɓawon ƙananan halittun ruwa ce da suka mutu tun zamanin da.