Kaya ya fi ƙofa girma: yadda ake yanka manyan wasanni kafin su shiga Play

Duk wanda ya ratsa unguwannin Maraɗi, ko Damagaram, ko Tawa da la'asar sakaliya, ya san wannan rumfa: tele biyu ko uku bisa tebur, dogon benci, yara sun yi cincirindo, biyu suna riƙe da manet, sauran kuwa suna ta ba da shawarar da ba wanda ya tambaye su. Gidan Play ke nan. Wasu ƴan kasuwa sun mai da shi sana'a ta biyu, ma'aikata da dama kuma sun sayi injin sun kai gida, domin yara su zauna wuri guda lokacin hutun lakwal.

Amma da mai karatu zai tsaya ya lura, sai ya ga wani abu. Ba wanda ke buɗe murfin injin ya saka faifai. Wasannin duka suna cikin ƴar kile da aka soka a gaba, ko cikin wani diski mai kamar kwalin sigari da ke rataye da waya. Wannan injin an yi masa abin da masu gyara ke kira filashe, wato an buɗe kullen da kamfanin Sony ya sa masa, har ya yarda ya karanta wasan da bai zo cikin faifai na asali ba. A nan ne kuɗin mutane da yawa ke salwanta, kuma ba don mugunta kaɗai ba: akwai wata iyaka ta lissafi da mai saye bai san da ita ba, wani lokaci ma mai sayarwa bai san da ita ba.

Ni kaina na shiga wannan. Na kai injin ɗan ƙanwata wurin wani mai gyara, na biya aka zuba masa wasanni, muka koma gida yaro yana murna. Wasa ya tashi lafiya lau, aka yi kwana biyu ana bugawa, ran na uku aka kai wani wuri sai tele ya yi baƙi ƙirin. A kashe, a kunna, a sake zuwa wurin nan, ya sake tsayawa. Na zargi zafi, na zargi wutar lantarki, na zargi yaron. Ashe wasan yanki takwas aka yi shi, bakwai kaɗai suka shiga diskin.

Me ya sa ake yanka wasa tun farko?

Kowace kile da kowane diski suna da tsarin da suke rubuta abin da aka ajiye a cikinsu, kamar dai littafin shige da fice na mai sito. Tsarin da tsoffin injinan wasa suka sani shi ne FAT32, wanda kamfanin Microsoft ya fito da shi a 1996. A cikin wannan littafi, gurbin da aka ware don rubuta girman kowane ƙunshi na bayani yana da gida 32 kacal, kuma kowane gida sifiri ko ɗaya yake ɗauka. Lamba mafi girma da za ta iya shiga gurbin ita ce miliyar 4 da miliyan 294 da ɗoriya, abin da ya kama jiga 4. Ko diskin yana da sarari na jiga 500, ƙunshi guda ba ya wuce jiga 4. Sito ne mai faɗi, ƙofarsa ce ƙarama.

A 1996 ba wanda ya damu, domin diskin kwamfuta gaba ɗayansa da wuya ya kai wannan girma. Sai ga PlayStation 2 ta fito a Japan cikin watan Maris na 2000, da faifan DVD mai cin jiga 4,7, mai hawa biyu kuma jiga 8,5. Wasanni irin su Gran Turismo 4 da God of War II faifai mai hawa biyu suka cika. PlayStation 3 ta biyo baya a watan Nuwamba na 2006 da faifan Blu-ray mai ɗaukar jiga 25 zuwa 50. Kaya ya yi ta girma, ƙofa tana nan yadda take.

Ɗan kasuwar da ya taɓa ɗauko kaya daga Kwatano ko Lome ba ya bukatar dogon bayani. In kaya ya fi ƙarfin mota guda, ana raba shi motoci uku ko huɗu, kowace da lambarta, a haɗa da takardar da ke faɗin abin da ke cikin kowace. In mota guda ta maƙale a hanya, kayan bai iso ba. In takarda ta ɓace, duwan ba su san zancen ba. Haka abin yake a nan, ba ragi ba ƙari.

Kowane inji da irin yankansa

A wajen PS2, wadda aka sayar da fiye da miliyan 155 nata a duniya kafin a daina ƙera ta a farkon 2013, da farko sai an buɗe cikinta an liƙa mata pus da dalma. Daga 2008 aka samu hanya mai sauƙi, wato Free McBoot, wanda ke zama cikin katin ajiya, ba sai an taɓa ko kusa guda ba. Daga nan sai wani shiri mai suna Open PS2 Loader ya jero wasannin bisa tele. Babban wasa kuwa ana yanka shi a kwamfuta, galibi da shirin USBUtil, gunduwa-gunduwa, kowace jiga 1, masu lamba 00, 01, 02 har zuwa ƙarshe. Tare da su akwai wani ɗan ƙaramin ƙunshi mai suna ul.cfg. Shi ne takardar kayan. Bai kai nauyin hoto guda ba, amma in ya goge, wasanni talatin da ke cikin diskin za su ɓace daga tele, alhali kuwa suna nan kwance ba abin da ya same su. Mutane nawa aka ce ma diskinsu ya mutu, aka sake karɓar kuɗinsu, bayan wannan ƴar takarda ce kawai ta ɓata!

PS2 ba ta haɗa gunduwoyin. Tana karanta su ne bi da bi, in ta gama ɗaya ta shiga ta gaba. Saboda haka wasa mai giɓi yana iya tashi lafiya, ya yi kwanaki, sai ran da aka iso wurin giɓin. Akwai kuma wata matsala da ba laifin kowa ba ce: ƙofar USB ta wannan inji tsohon yayi ce, a takarda ma mega ɗaya da rabi take wucewa da shi a daƙiƙa, faifan asali kuwa ya ninka haka fiye da sau uku. Shi ya sa hotunan sinima na cikin wasa suke sarƙewa, murya tana yankewa. Mai gyara ba shi da maganin wannan, kada a ba shi kuɗi a kai.

PS3 ta daɗe tana gagara. Sai a watan Agusta na 2010 wata kile mai suna PS Jailbreak ta bayyana, a watan Disamba na shekarar wasu masana da ke kiran kansu fail0verflow suka nuna a wani taro a Berlin cewa Sony ta yi kuskure a lissafin makullinta, a Janairun 2011 kuma wani saurayi ɗan Amurka, George Hotz, ya wallafa makullin kowa ya gani. Sony ta kai shi kotu, aka sasanta cikin ƴan watanni, amma ruwan da ya zube bai kwasu ba.

A wannan inji, gunduwoyin suna ɗauke da lambobi irin su 66600, 66601, ko kuwa iso.0 da iso.1. Masu 666 ɗin sai an kwashe su zuwa diskin da ke cikin injin, inda wani shiri kamar multiMAN zai ɗinke su su koma ƙunshi guda. To a nan ne ya kamata mai saye ya buɗe ido. Ɗinkin yana son wuri, wani lokaci ninki biyu na girman wasan, domin sai an haɗa shi tukuna sannan a girka shi. Alhali cikin sirarar PS3 ta ƙarshe, wadda ta fito a 2012, akwai samfurin da aka sayar a Turai mai jiga 12 kacal a cikinsa. A ido ba ya da bambanci da mai jiga 500. Wanda ya sayi wannan bai ƙara masa diski ba, ya sayi rumbun da ba ya cin dami biyu. Ban da haka, wannan samfuri da wanda ya gabace shi mai lamba 3000 ba su karɓar cikakken filashe. Sai a 2019 aka samo musu wata dabara mai suna HEN, wadda dole a tashe ta duk lokacin da aka kunna injin. A gari mai yawan ɗaukewar wuta, wannan ba ƙaramin aiki ba ne ga yaron da ke tsaron rumfa.

Sauran injina ma ba su tsira ba. Wii ta Nintendo tana da wbfs da wbf1, Switch kuma akan zuba mata gunduwoyin cikin jaka guda a yi mata alamar da za ta sa injin ya ɗauke ta tamkar ƙunshi ɗaya.

Kada kuma a rikita wannan yanka da wani daban. Masu ɗauko wasa ta intanet sukan same shi cikin ƙulli-ƙulli, part1, part2, part3, domin in layi ya yanke kada a sake daga farko, kuɗin megan da aka saya su tafi a banza. Waɗannan a kwamfuta ake kwance su, injin wasa bai san su ba. Mai koyon gyara da ya zuba su kai tsaye cikin kile, ya zuba hatsi ne da buhunsa cikin tukunya.

Inda kuɗi ke zurarewa

Babbar cuta ita ce kile ta jabu. An rubuta mata jiga 128 a jiki, kwamfuta ma ta nuna 128, amma ainihin cikinta bai fi 8 ko 16 ba. Tana karɓar duk abin da aka ba ta ba musu, sunayen gunduwoyin duka suna nan a jere, lamba ba ta tsallake ba, sai dai na ƙarshe-ƙarshen fanko ne. Ƙaramin wasa yana iya dacewa ya faɗa wuri mai kyau, babban wasa mai yanki takwas kuwa ba shi da wannan sa'a. Akwai shirin da ke tona asirin irin wannan kile, H2testw, wanda ke cika ta taf ya sake karantawa. Yana cin lokaci. Ɗan kasuwar da ke saro su da kwali, awa biyun nan ta fi masa arha bisa ga rigimar da za ta biyo shi har shago.

Sai wuta. Kwashe wasa mai jiga 30 aiki ne mai tsawo, FAT32 kuwa ba ya da littafin ko-ta-kwana da zai tuna inda aka tsaya. In wuta ta ɗauke ana tsakiyar rubutu, gunduwar da ke hannu ta lalace, wani lokaci har littafin siton gaba ɗaya. Masu wannan sana'a ba su manta da watan Agusta na 2023 ba, lokacin da Najeriya ta yanke wutar da take ba Nijar. Mai gyaran da ba shi da ƴar batir ta tsaron kwamfuta, da dukiyar mutane yake caca.

Akwai kuma goge-goge. In aka share wasa daga tsakiyar diski aka zuba wani a gurbinsa, sabon yakan warwatse nan da can, tsoffin juyin Open PS2 Loader kuwa ba su iya bin ƙunshin da ya warwatse. Sai allo ya tsaya da launi guda. Maganin shi ne a kwashe kome, a wanke diskin, a sake zubawa a jere.

Mu ɗauka mai rumfa yana karɓar dala goma a kowane wasa, yana samun wasa talatin a yini kan inji guda. Jika ɗaya da rabi ke nan. In injin ya kwana huɗu wurin mai gyara, jika shida sun tafi ban da ladan gyara, yaran kuma sun gano rumfar da ke bayan layi.

A gaskiya yawancin wannan wahala tana da mafita yau. Tun 2006 Microsoft ta fito da exFAT, wanda ba shi da iyakar jiga 4. PS4 tana karanta shi, sababbin juyin Open PS2 Loader ma haka. A PS3 akwai shirye-shiryen da ke karanta diski mai tsarin NTFS, ko kuwa a haɗa injin da kwamfuta da waya a tura wasan ɗungurungum ba yanka. Amma mai gyara yakan riƙe abin da ya koya wurin ubangidansa, kuma siton wasanninsa duka yankakku ne tun tuni.

Batun doka

Ba za mu ɓoye wa mai karatu ba: kusan duk wasan da ke shiga ta wannan hanya kwafi ne wanda masu shi ba su ga ko dala ba. Nijar tana cikin ƙasashen yarjejeniyar Bangi ta 1977, ta yi dokar kare haƙƙin mawallafa tun 1993, kuma ofishin BNDA yana nan domin wannan aiki. Mawaƙanmu da suka ga yadda kwafin kaset, daga baya kuma katin waya, suka cinye musu gumi, sun san zafin abin. Sony kuma takan toshe injin da ta gane an buɗe shi, ba ya sake shiga dandalinta na intanet.

A ɗaya gefen, waɗannan injina masu su sun juya musu baya. Konami ta yi wa PS2 wasan ƙwallo na ƙarshe da PES 2014, ta yi wa PS3 da PES 2018; FIFA ta tsaya a 14 da 19. Ƴan wasan bana da yaro ke gani cikin tsohuwar PS2, masu sha'awa ne suka zauna suka sake musu suna da riga. Idon karanta faifai kuma shi ne abin da ƙurar hunturu ke fara kashewa. Ga wanda ya mallaki faifansa na asali, juye shi cikin diski ita ce hanyar da ta rage masa.

Da na mayar da injin ɗan ƙanwata, mai gyaran bai yi gardama ba. Ya buɗe jakar wasan a kwamfutarsa, muka ƙirga tare, daga lamba ta biyar aka tsallaka zuwa ta bakwai. Ta shidan a nasa siton ma babu ita, domin shi ma haka ya karɓo wasan wurin wani. Ya mayar mani da kuɗin wasan, ya zuba wa yaron ƙwallo a madadinsa.