Lissafin Da Ke Ɓoye A Bugun Fenariti

A cikin shekarar 1998 ne kulob ɗin Wikki Tourists na Bauchi ya ɗauki Kofin Ƙalubale na Nijeriya, bayan ya tashi babu ci da Plateau United ta Jos, sa'an nan ya yi galaba a bugun fenariti. Mutane da yawa sukan ce irin wannan nasara sa'a ce kurum. Gaskiya ne sa'a tana da nata rabo, amma akwai wani reshe na ilmin lissafi da ke nuna yadda mai tsaron gida zai rage dogaro da ita.

Wannan ilmi shi ne na yiwuwa mai sharaɗi, watau auna yiwuwar aukuwar abu bayan an riga an san wani abin da ya gabace shi. Wani malamin coci na ƙasar Ingila, Thomas Bayes, ya yi rubutu a kansa, aka buga a 1763 bayan mutuwarsa.

'Yan wasan besbol na Amurka sun daɗe suna cin moriyarsa. A wasan nan, idan mai jifa ya jefa ƙwallo sau huɗu waje da gurbin da aka ƙayyade, kuma mai sanda bai kai mata bugu ba, to mai sandan ya wuce kyauta. Saboda haka in mai jifa ya ɓata uku a jere, abokin karawarsa ya san galibi jifa mai sauri ce miƙaƙƙiya za ta biyo baya, domin ita ce ba ta cika kuskure ba.

Haka al'amarin yake a fenariti. Daga yadi 12 ake bugawa, ƙwallo kuwa takan isa raga cikin kimanin rabin daƙiƙa, don haka tilas mai tsaron gida ya zaɓi gefe tun da wuri. A ce wani ɗan wasa ya buga 20, goma dama, goma hagu. Wanda ya tsaya nan zai ce babu abin koyo. Amma in aka ware guda 8 da ya buga da gajeren gudu, aka tarar 6 sun tafi hagu, to da zarar an ga ya ja baya kaɗan, yiwuwar hagu ta tashi daga kashi 50 zuwa kashi 75 cikin ɗari.

A Gasar Kofin Duniya ta 2006 a birnin Balin, mai tsaron gidan Jamus, Jens Lehmann, ya soke takarda a safarsa mai ɗauke da halayen 'yan wasan Ajantina. Ya tare bugun Ayala da na Cambiasso, Jamus ta wuce da ci 4 da 2.

Sai dai a lura da abu biyu. Bugu takwas sun yi kaɗan a kafa hukunci a kansu, sai an yi ta tarawa. Kuma mai bugu in ya gane an karance shi, zai sake salo, shi ya sa gwani yakan cuɗa bugunsa.

Wannan aiki ba ya bukatar kuɗi masu yawa. Littafin rubutu da biro sun isa, muddin kulob zai sa mutum guda ya zauna a Filin Wasa na Abubakar Tafawa Balewa yana rubuta kowane fenariti, da ƙafar da aka buga, da tsawon gudu, da gefen da ƙwallo ta bi. Ranar da kofi ya rataya a kan bugu ɗaya, littafin nan zai yi rana.