Krio, Harshen Kasuwa da Gida a Saliyo

Krio shi ne harshen kasuwa da tashar mota a Saliyo. Mende da Temne da Limba da Fulani kowa da harshen gidansu, amma da Krio suke ciniki, ko da yake 'yan ƙabilar Krio kansu tsiraru ne.

A Freetown harshen ya tsiro. An kafa garin a 1792 domin 'yantattun bayi da suka zo daga Nova Scotia. Da Ingila ta haramta cinikin bayi a 1807, sai jiragen yaƙinta suka riƙa tare jiragen masu safarar mutane, suna sauke waɗanda aka ceto a can. A cikinsu Yarabawa sun fi yawa, akwai Ibo, akwai Hausawa. A bakin irin waɗannan mutane ne wani mai bincike, Sigismund Koelle, ya tattara kalmomin harsuna sama da ɗari, ya wallafa a 1854.

Yawancin kalmomin Krio daga Turanci suke, amma nahawunsa nasa ne. "Pikin", wato yaro, daga harshen Fotugal ya fito. Gaisuwar "kushɛ" kuwa asalinta Yarabanci ne. Kuskure ne a kira Krio gurɓataccen Turanci, domin yara da yawa da shi suke buɗe baki, da shi kuma ake wa'azi da shirye-shiryen rediyo.