Wa Ke Kallonka Daga Cikin Madubi?

Wani labari na yawo a wayoyin matasa, masu ba da shi har sassauta murya suke yi kamar masu tona asiri. Wai idan ka kashe fitila, ka kunna kyandir, ka ƙura wa madubi ido, wanda za ka gani ba kai ba ne. Takwaranka ne da ke zaune a wata duniya ta dabam, inda rayuwarka ta bi wata hanya: can ya auri yarinyar da aka hana ka, ko motar da ka tsallake rijiya da baya a cikinta shi ta ritsa da shi. Wasu har rantsuwa suke yi cewa hoton ya yi musu murmushi alhali bakinsu a tamke yake.

Labarin ƙagagge ne, amma da ƙyallayen gaskiya aka ɗinka shi, shi ya sa yake da wuyar ƙaryatawa.

Na farko, mutanen da ke cewa sun ga baƙuwar fuska ba lallai ƙarya suke yi ba. A shekarar 2010 wani masanin halayyar ɗan Adam a Jami'ar Urbino ta ƙasar Italiya, Giovanni Caputo, ya wallafa gwajin da ya yi da mutum 50 lafiyayyu. Kowa ya shiga ɗaki mai dishi-dishin haske, ya dubi fuskarsa a madubi na minti goma. Tun kafin a yi nisa abubuwa suka fara sauyawa. Kashi 66 cikin ɗari sun ga fuskarsu ta karkace ta lalace. Kusan rabi sun ga wata halitta mai kama da dodo. Wasu sun ga baƙon da ba su taɓa sani ba, wasu fuskar dabba, wasu kuma fuskar uwa ko uba, har da waɗanda suka riga mu gidan gaskiya. Babu turare, babu surkulle, madubi ne kawai da ƙarancin haske.

Dalilin yana cikin kanmu. Tun 1804 wani likita ɗan ƙasar Suwizalan, Ignaz Troxler, ya lura cewa idan ido ya kafe a kan abu ɗaya, abin da ke gefe-gefe sai ya riƙa dushewa yana ɓacewa, domin jijiyoyin gani sukan daina kula da abin da ba ya motsi. To, ka kafe ido a kan ƙwayar idonka cikin duhu: haɓa ta dushe, goshi ya narke, kunne ya ɓace. Ita kuwa ƙwaƙwalwa ba ta yarda ta bar fuska da giɓi, sai ta cike gurbin da abin da ke ajiye a cikinta. Mai kewar mahaifiyarsa ya ga mahaifiyarsa, wanda ya shiga da tsoro ya ga abin tsoro. A ganina wannan ya fi labarin wata duniya ban mamaki.

Masu labarin kan kafa hujja da cewa abin da ke madubi ba na yanzu ba ne. Haka ne, amma a ji girman jinkirin. Haske na cin kusan kilomita 300,000 a sakan ɗaya. Idan tsakaninka da madubi mita ɗaya ne, hoton ya makara da kusan kashi 7 cikin biliyan na sakan. Kuma kullum a baya yake, ba ya taɓa riga ka. Ga gwajin da kowa zai iya yi da rana tsaka: ka dubi idonka na dama a madubi, sannan na hagu, ka yi ta maimaitawa. Ba za ka taɓa ganin idanunka na motsi ba, amma wanda ke tsaye kusa da kai zai ga suna kai da komo. Ƙwaƙwalwa ce ke yanke ganin a daidai lokacin da ido ke tsalle, ba tare da ta yi maka sallama ba.

Batun duniyoyi masu yawa kuwa daga kimiyyar lissafin ƙananan ƙwayoyin zarra aka aro shi. Hugh Everett ne ya kawo ra'ayin a 1957 a Jami'ar Princeton ta Amurka, kuma har yau masana na jayayya a kai. Ko waɗanda suka karɓe shi cewa suke yi duniyoyin ba sa ganin juna, ba sa aika wa juna saƙo. Madubi bai shigo lissafin ba ko kaɗan. Marubuta da masu shirya fim ne suka haɗa auren. Tun 1871 Lewis Carroll ya sa wata yarinya mai suna Alice ta ratsa madubi ta faɗa wata duniya.

Mu ma da namu camfin, na hana yara duba madubi da dare wai kada su ga aljani. Yaran Amurka kuma suna da wasan kiran fatalwar Bloody Mary a gaban madubin banɗaki. Abin lura, duk sharaɗinsu ɗaya ne da na ɗakin Caputo: duhu da dogon kallo.

Inda ya kamata a sa ido shi ne idan abin ya wuce wasa. Caputo da abokan aikinsa sun sake gwajin a 2012 da masu wata irin cutar taɓin hankali, suka tarar su sun fi ganin fuskokin, kuma sun fi ɗaukarsu a matsayin gaske. Ga mai lafiya, da an kunna fitila ko ya motsa ido komai ya koma daidai. Wanda kuwa yake ganin baƙo a madubi da hasken rana, ko yake jin hoton na yi masa magana, ko ya daina gane fuskarsa, a kai shi wurin likitan ƙwaƙwalwa da wuri, kada a tsaya ana cewa duniyar can ce ta buɗe masa.