Abin Da Jami'a Ke Nema Wurin 'Ya'yanmu Mata

 Yau maganarmu a kan jami'a ce. Daga nan Rido, in an ƙetare kogi, ga Jami'ar Jihar Kaduna wadda aka kafa a 2004, gaba kuma ga ta Ahmadu Bello a Zariya tun 1962. Kowace uwa tana so ta ga 'yarta a can. To, amma shiga daban, zama daban. Yarinyar da makinta ya faɗi akan yi mata kashedi, in ba ta gyara ba a sallame ta, wahalar iyaye ta tashi a banza.

Shin me ake nema wurinta? A watan Disamba na 2022, Hukumar Kula da Jami'o'i ta Ƙasa ta fito da sabon tsarin karatu. A ciki akwai darussan da suka zama tilas ga kowa, ko likita za ta zama ko lauya.

Na fari, Turanci. Lalle ta karanta ta fahimta, ta rubuta bayani da kanta, ta tashi gaban jama'a ta yi magana. Hadda kaɗai ba ta fisshe ta, domin a shekarar ƙarshe sai ta yi bincike ta rubuta kundi.

Na biyu, auna magana da hankali, watau ta nemi hujja kafin ta yarda.

Na uku, sanin al'ummomin Nijeriya da hanyar sasanta rigima. Mu da muke cin kasuwa ɗaya da Gbagyi da sauran ƙabilu mun san darajar wannan.

Na huɗu, dabarun kafa sana'a, don kada ta gama ta zauna jiran aikin gwamnati.

Kwamfuta kuwa tun a bakin ƙofa ake nemanta, gama tun 2015 da ita ake yin jarrabawar JAMB.

Iyaye mata, icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Ku rage mata talla da aikace-aikace, ku ba ta ko da awa guda bayan magariba ta duba littafi. In ta gama, ku ce ta ba ku labarin abin da ta karanta da Hausa. In ta iya, to, ta fahimta. Ku sa ta riƙa rubuta lissafin cefane da na adashi, nan sana'a ke farawa.

Ku kuma 'yammata, kunya ado ce, amma ban da cikin aji. Abin da ba ku gane ba ku ɗaga hannu ku tambaya, matambayi ba ya ɓata.

Allah ya yi wa 'ya'yanmu albarka, amin. Sai mako mai zuwa.