Tatiana Samoilova: Jarumar da aka hana zuwa Hollywood

Sau nawa muka ga fim ɗaya tak ya fito da yarinya, kafin ka ce kwabo furodusoshi sun yi layi a ƙofar gidansu? To ita Tatiana Samoilova layin nata har daga Amurka aka yi shi, sai dai gwamnatin ƙasarta ce ta tare ƙofar.

An haife ta ran 4 ga Mayu, 1934, a Leningrad. Harkar ma gado ta yi, don mahaifinta Yevgeny Samoilov fitaccen ɗan wasa ne. Tana da shekara 23 darakta Mikhail Kalatozov ya saka ta a fim ɗin 'Letyat Zhuravli', wato "gauraka na shawagi", wanda kamfanin Mosfilm ya fitar a 1957.

Ta fito a matsayin Veronika, budurwar da saurayinta Boris (Aleksei Batalov) ya tafi yaƙi da Jamus a 1941. Bam ya kashe iyayenta, ta koma gidan su Boris da zama. A nan ɗan baffansa Mark ya ci mutuncinta, ta kuma ƙare da aurensa, alhali zuciyarta na can fagen daga. Boris bai dawo ba. A lokacin an saba nuna macen soja a matsayin gwarzuwa mai haƙuri wadda ba ta kuskure, sai ga Tatiana ta zo da mace mai rauni, mai kuka da idanu kawai. Duk wanda ya kalli fitowar ƙarshe, inda take raba wa sojoji furannin da ta tanadar wa Boris a tashar jirgin ƙasa, ya san ba a banza ake kiranta gwana ba.

A 1958 fim ɗin ya lashe Palme d'Or, babbar kyautar bikin Cannes na Faransa, ita ma aka karrama ta daban. Babu wani fim na Tarayyar Sobiyet da ya taɓa cin wannan kyauta in ban da shi. Tayin aiki ya yi ta zuwa daga waje, hukuma ta ce a'a. Zamanin nan ɗan wasa ma'aikacin gwamnati ne, ko fasfo sai an ga dama.

Ta ƙara wani fim da Kalatozov, ta yi 'Alba Regia' a Hungary a 1961, amma babbar rawa ba ta sake samu ba sai 1967, da darakta Aleksandr Zarkhi ya ba ta 'Anna Karenina'. Abin dariya, wanda ya fito a masoyinta Vronsky shi ne Vasily Lanovoy, tsohon mijinta na zahiri! An zaɓi fim ɗin a gasar Cannes ta 1968, sai zanga-zangar Faransa ta watsa bikin.

Daga nan sai fitowa jefi-jefi. An ba ta lambar girma ta Jarumar Al'ummar Rasha. Ta rasu a Mosko ran 4 ga Mayu, 2014, ranar da ta cika shekara 80 cif.