Samarin da Suka Ƙi Barin 'Yan'uwansu

Ga wani labari na Amurka daga shekarar 1951. A birnin San Faransisko akwai wata jami'a ta limaman Katolika, samarinta suna wasan tamaula irin ta ƙasar, wadda ake rungumar ƙwallo a sheƙa da gudu, abokan karawa suna ta neman kayar da mutum kamar a dandalin kokawa. A shekarar nan karawa 9 suka yi, duka kuwa suka ci.

To, bisa al'adarsu, wanda ya yi irin wannan nasara akan gayyace shi babban wasan ƙarshen shekara, can ne kuɗi suke. Amma a kudancin ƙasar, inda ake yin yawancin waɗannan wasanni, a zamanin nan doka ta raba baƙar fata da fara. Kamar yadda 'yan wasan suka ruwaito, sai aka aiko musu su zo, bisa sharaɗin su bar baƙaƙen fatarsu biyu a gida, Ollie Matson da Burl Toler. Samarin suka ce faufau, in ba tare da su ba, ba su zuwa.

Ku 'yan kasuwa kun san zafin mayar da ciniki alhali aljihu wayam. Da ma jami'ar hasara take yi a kan wasan, saboda haka da gama kakar ta rushe ƙungiyar.

Matson ya tafi wasannin Olamfik na Helsinki a 1952, ya komo da lambobin tsere biyu, azurfa da tagulla. Toler kuwa ya ji rauni a gwiwa, ya kama koyarwa, a 1965 kuma ya zama baƙar fata na farko cikin alƙalan wasa na babbar gasar NFL.